Abubuwan Mamaki 24 Game da Boccaccio da Littafinsa Mai Labarai Ɗari

A ƙasar Italiya, in ana lissafin iyayen adabi, sunaye uku ake fara ambata: Dante, Petrarch da Giovanni Boccaccio. Biyun farko da waƙa suka yi suna. Na ukun kuwa, ko da yake shi ma ya taɓa waƙa, da labari duniya ta san shi, ta hanyar littafinsa Decameron da ya rubuta tsakanin wajen 1349 da 1353. Yau fiye da shekara 670 ke nan ana karanta littafin, ana fassara shi, ana hana shi, ana sake buga shi. Manazarta kuma sun ƙarar da rayuwarsu suna bin diddiginsa, daga rubutun hannu zuwa takardun haraji, har sun rushe abubuwa da dama da aka daɗe ana ɗauka gaskiya ne. Ga kaɗan daga cikin abin da suka tono.

1. Baki goma, labari ɗari, mako biyu

Littafin ya buɗe da annobar da ta auka wa birnin Florence a 1348. Wata Talata da safe 'yan mata 7 suka haɗu a cocin Santa Maria Novella, samari 3 suka iske su, suka yanke shawarar ficewa zuwa wani gida a bayan gari. Don rage zullumi suka shirya kowa ya riƙa ba da labari ɗaya kullum. Mutum 10, kwana 10, labari 100 ke nan, abin da sunan littafin yake nufi da Girkanci kuwa shi ne kwana goma. Sai dai mako 2 cur suka yi a waje, domin ba sa zaman labari ran Juma'a da Asabar. Kowace rana akan naɗa sarki ko sarauniya daga cikinsu, shi zai faɗi jigon ranar. Mutum ɗaya, Dioneo, ya roƙi alfarmar faɗin abin da ya ga dama, aka yarje masa, da sharaɗin shi ne zai riƙa rufe hira.

2. Lissafin mamata ya fi ƙarfin garin

Boccaccio ya ce daga Maris zuwa Yuli mutum fiye da 100,000 suka mutu a cikin ganuwar Florence. Masana tarihi sun ce adadin ya yi yawa, don duk mutanen birnin kafin annobar ba su haura haka da yawa ba. Abin da suka fi yarda da shi shi ne rabin garin ko fiye ya tafi. Ya kuma ba da labarin aladu biyu da ya ce ya gani da idonsa suna tonon tsummokaran wani matalauci da cutar ta kashe, ba a jima ba su ma suka faɗi matattu. Duk da haka manazarta sun gano cewa wani ɓangare na bayaninsa ya aro shi ne daga Paul the Deacon, marubucin ƙarni na 8 da ya siffanta wata tsohuwar annoba.

3. Akwai labari na 101, kuma daga Indiya ya taso

A farkon rana ta huɗu marubucin ya dakatar da matasansa, ya fito da kansa don mai da martani ga masu sukarsa. Nan ya kawo labarin wani Filippo Balducci da ya reni ɗansa a kan dutse, yaron bai taɓa ganin mace ba. Ranar da suka shiga gari ya ga 'yan mata ya tambaya, uban ya ce masa agwagi ne, sai yaron ya nace a samo masa guda. Masu bin salsalar labarai sun bi wannan har zuwa ƙissar Barlaam da Josaphat, wadda tushenta tarihin Buddha ne a Indiya, ta ratsa ta Larabci da sunan Bilawhar da Budasaf kafin ta isa Turai.

4. Haihuwar Paris da gimbiyar da ba a gani ba

Tsofaffin littattafai sun daɗe suna cewa a Paris aka haife shi a 1313, uwarsa Bafaranshiya ce, kuma masoyiyarsa Fiammetta wata Maria d'Aquino ce, 'yar Sarki Robert na Naples. Marubutan ƙarni na 19 sun tsinto wannan duka ne daga cikin ƙagaggun labaransa, suka mai da su tarihi. A ƙarni na 20 masana biyu, Giuseppe Billanovich da Vittore Branca, suka nuna babu wata takarda da ta tabbatar da ko ɗaya. Abin da ya tabbata shi ne a yankin Tuscany aka haife shi, ko a Florence ko a Certaldo, ba ta hanyar aure ba, kuma ubansa ya karɓe shi ya rene shi.

5. Ya guji kasuwa, kasuwa ta cika littafinsa

Ubansa wakilin kamfanin Bardi ne, manyan masu hada-hadar kuɗi na Florence. Wajen 1327 ya tafi da shi Naples don ya koyi lissafi da ciniki. Yaron bai so ba. Aka mai da shi karatun shari'ar coci, nan ma bai zauna ba. Amma shekarun kanti ba su tafi a banza ba, domin littafin cike yake da fatake, bashi, jiragen ruwa da rumbunan kwastan. Labari na goma a rana ta takwas ya bayyana dalla-dalla yadda ake ajiye kaya a kwastan ɗin Palermo a rubuta su a littafi. Wannan ya sa Branca, a littafinsa na 1956, ya kira Decameron waƙar jaruntakar 'yan kasuwa.

6. Rubutun hannunsa ya yi shekaru a Berlin ba a tabbatar ba

Wannan shi ne babban abin da nazarin Boccaccio ya gano a ƙarni na 20. A 1882 gwamnatin Prussia ta sayi tarin littattafan gidan Hamilton na Birtaniya, aka kai su Berlin. A cikinsu akwai wani Decameron a kan fata, wanda aka yi wa lamba Hamilton 90. An ɗauke shi kwafi ne mai kyau kawai. A 1933 Michele Barbi ya duba shi ya ce hannun marubucin ne, amma ba a saurare shi sosai ba. Sai a 1962 Branca da Pier Giorgio Ricci suka gwada siffar haruffan da sauran rubuce-rubucen da aka san nasa ne, suka tabbatar: Boccaccio da kansa ya kwafe shi wajen 1370, yana dattijo. Littafi ne babba, kowane shafi an raba shi gida biyu, irin yadda ake rubuta littattafan jami'a a lokacin, alamar cewa bai ɗauki aikinsa abin wasa ba. A ƙasan wasu shafuka ya zana ƙananan fuskoki 13 na mutanen labaransa. Wasu ɗaurin takardu 3 sun ɓace daga cikinsa.

7. Mai littafi ma yana kuskuren kwafi

Samun rubutun hannun marubuci bai kashe gardama ba. Da aka bi shi layi-layi sai aka ga tsohon yakan tsallake kalma, yakan maimaita, yakan rikita harafi, kamar kowane mai kwafi da ya gaji. Dole masu tace matani su riƙa gwada shi da wasu kwafi biyu. Ɗaya yana Paris, wanda Giovanni Capponi ya rubuta, yana ɗauke da siffar littafin ta farko tun kafin gyara. Ɗayan yana Florence, wanda Francesco Mannelli ya gama a 1384, yana kwafi yana rubuta ra'ayinsa a gefen shafi. Branca ya fitar da tacaccen bugu a 1976, Maurizio Fiorilla ya sake tace shi a 2013.

8. Ya hana mata karantawa, ya kuma zauna ya sake kwafewa

A ƙarshen rayuwarsa ya rubuta wa abokinsa Mainardo Cavalcanti wasiƙa yana ba shi shawara kada ya bar matan gidansa su karanta labaran. Tun a 1362 ma wani ɗan zuhudu ya kawo masa saƙon gargaɗi cewa ajali ya kusa, ya bar adabin duniya, har ya yi tunanin rabuwa da littattafansa, Petrarch ne ya kwantar masa da hankali. A kan waɗannan aka gina ra'ayin cewa ya yi nadamar littafin ya juya masa baya. Gano Hamilton 90 ya girgiza wannan ra'ayi, domin a daidai waɗannan shekaru ne yake zaune yana sake rubuta labaran ɗari da hannunsa.

9. Tsohuwar shaida wasiƙar mai neman littafinsa ce

Ɗaya daga cikin shaidu mafi tsufa da ke nuna littafin ya shiga hannun jama'a wasiƙa ce ta 1360. Wani Francesco Buondelmonti ya rubuta wa ɗan'uwansa Giovanni Acciaiuoli, babban limamin cocin Patras, yana neman a dawo masa da kwafinsa, yana gargaɗin kada a ba wa kowa aro. Branca ya nuna cewa da yawa daga tsofaffin kwafin ba ƙwararru suka rubuta su ba, 'yan kasuwa ne da suka kwafa wa kansu don sha'awa, wasu ma da lissafin kuɗi a gefen shafi.

10. An samu wasu mutanen labarin a takardun hukuma

Labari na farko game da Ser Cepparello ne, mugun mutum da ya yaudari limami a gadon mutuwa har aka ɗauke shi waliyyi. Masu bincike sun gano takardun wani Cepparello na garin Prato da ya yi aikin karɓar haraji a Faransa a ƙarshen ƙarni na 13. Haka kuma a labarin Andreuccio, dillalin dawaki da ya faɗa hannun 'yan damfara a Naples har ya shiga kabarin babban limami don satar zobe, limamin mutum ne na gaske, Filippo Minutolo, ya rasu a 1301, kabarinsa yana babban cocin Naples har yau. Benedetto Croce ya yi nazari a kan unguwannin da labarin ya ambata.

11. Zanen da ya riga littafin

A bangon maƙabartar Camposanto da ke Pisa akwai wani babban zane: matasa 10 zaune a lambu suna kiɗa, mutuwa ta nufo su da lauje. An daɗe ana cewa annobar 1348 ce ta haifar da shi. A 1974 Luciano Bellosi ya kawo hujjar cewa an yi shi tun shekarun 1330, kuma mai zanen Buffalmacco ne. Wannan Buffalmacco kuwa yana cikin Decameron, shi ne mai shirya wa abokinsa Calandrino tsiya a labarai da dama.

12. Dabarar tsirkiya a fadar Tunis

Labari na biyu a rana ta biyar yawancinsa a Tunisiya ya faru. Gostanza, yarinya daga tsibirin Lipari, ta ji an ce masoyinta Martuccio ya nutse, ta shiga kwale-kwale ita kaɗai ta saki kanta ga teku. Iska ta kai ta gaɓar Susa. Wata dattijuwa Musulma ta karɓe ta kamar 'yarta, ta koya mata aikin siliki da kaba da fata, har yarinyar ta iya harshen ƙasar. Martuccio kuwa yana kurkukun Tunis lokacin da yaƙi ya taso wa sarki. Ya aika da shawara: a yi wa maharba tsirkiya siririya, a yi kibau masu ƙaramar tsaga a gindi. In an yi musayar harbi, abokan gaba ba za su iya ɗora kiban sarki a kan tsirkiyarsu mai kauri ba, mutanen sarki kuwa za su tsinci nasu su mayar musu. Aka bi shawarar, aka ci yaƙi, sarki ya ɗaukaka shi, masoyan suka haɗu suka koma gida da kyauta.

13. Salahuddin ya fito sau biyu, duka da mutunci

A rana ta farko Salahuddin al-Ayyubi yana neman rance, ya jarraba wani Bayahude mai kuɗi da tambaya mai wuya game da addinai uku. Mutumin ya kuɓuta da misalin uba mai zobba uku, sarkin ya yaba hikimarsa, ya biya bashin cif, ya riƙe shi aboki. A rana ta goma kuma ya ɓad da kama a matsayin falke ya shiga Italiya, wani Torello na Pavia ya karrama shi. Da Torello ya zama fursuna a Iskandariyya, Salahuddin ya gane shi ta yadda yake motsa baki in zai yi murmushi, ya rama masa alheri ninki. Marubucin Jamus Lessing ya gina wasan kwaikwayonsa na 1779 a kan labarin zobban. Wani mai injin niƙa da ake kira Menocchio ya maimaita shi a gaban kotun coci a ƙarshen ƙarni na 16, aka yanke masa hukuncin kisa saboda ra'ayoyinsa. Carlo Ginzburg ya tono shari'arsa ya buga a 1976.

14. Tsuntsu mai ƙafa ɗaya

Kuku Chichibio ya gasa wa maigidansa tsuntsu dangin gauraka, budurwarsa ta matsa masa ya yanke mata cinya ɗaya. Da aka kai abinci maigida ya tambaya, kuku ya ce ai ƙafa ɗaya gare su. Da asuba suka hau zuwa bakin kogi, suka tarar da tsuntsayen suna barci a kan ƙafa ɗaya. Maigida ya daka musu tsawa, suka sauke ta biyun suka tashi. Kuku ya ce ai jiya ba a daka wa na cikin akushi tsawa ba. Dariya ta kashe fushin. Irin wannan labari yana cikin barkwancin Nasruddin Hoja na Turkawa, inda Timur ne sarkin, tsuntsun kuma dinya.

15. Shahon da ya zama ma'aunin labari

Federigo ya ƙarar da dukiyarsa wajen neman Giovanna, ba abin da ya rage masa sai shaho ɗaya na farauta. Ɗanta ya kwanta ciwo yana ƙwallafa rai a kan shahon, ta zo roƙo. Kafin ta faɗi buƙatarta, Federigo da ba shi da abin saukar baƙuwa ya yanka shahon ya gasa mata. A 1871 marubucin Jamus Paul Heyse ya ɗauki wannan ya kafa ƙa'ida: kowane gajeren labari nagari sai ya kasance da nasa shahon, wato abu guda fitacce da za a riƙa tuna shi da shi. Har yau ana koyar da ita a azuzuwan adabi a Jamus.

16. Dutsen cuku

A rana ta takwas an ruɗi Calandrino da labarin wata ƙasa mai suna Bengodi, inda akwai dutse guda na gurzajjen cukun Parma, mutane a kansa ba su da aiki sai dafa taliya a romon kaza suna gangaro da ita. Masu tarihin abinci suna kafa hujja da wannan wuri cewa tun ƙarni na 14 cukun Parma ya yi suna, kuma tun lokacin ana barbaɗa shi a kan taliya.

17. Haƙurin Griselda ya shiga Turai ta hannun wani

Labari na ɗari shi ne na Griselda, 'yar talaka da basarake Gualtieri ya aura, ya ƙwace 'ya'yanta biyu ya bar ta tana zaton an kashe su, ya kore ta, ya kuma kira ta ta gyara gida don amarya, sannan ya bayyana mata cewa amaryar 'yarta ce, duk jarrabawa ce. Petrarch ya faɗa wa abokinsa Boccaccio cewa bai karanta littafin duka ba, ya dai leƙa, amma wannan labari ya kama shi. A 1373 ya fassara shi zuwa Latin, ya ce darasinsa shi ne dauriyar bawa a gaban Ubangiji. Ta wannan fassara labarin ya bazu a Turai, sau da yawa ba tare da sunan Boccaccio ba. Har yau masana suna jayayya: yabon haƙuri ne ko tonon asirin zalunci? Shi kansa Dioneo da ya ba da labarin ya la'anci halin mijin.

18. Wasiyyar rigar sanyi

Boccaccio da Petrarch sun fara haɗuwa a 1350. Da Petrarch ya rasu a 1374, aka ga a wasiyyarsa ya bar wa Boccaccio zinariya 50 ta kuɗin florin don ya sayi rigar sanyi ta karatun dare. Boccaccio ya bi shi ranar 21 ga Disamba, 1375.

19. Ingilishi sun ɗiba da yawa

Geoffrey Chaucer, wanda ya je Florence a 1373, ya gina manyan ayyukansa biyu a kan waƙoƙin Boccaccio, amma bai taɓa ambatar sunansa ba ko sau ɗaya. A ɗayansu ma wani Lollius ya jingina wa labarin. Shakespeare ya samu ƙashin bayan wasanninsa biyu daga Decameron. John Keats ya mai da labarin Lisabetta waƙa, yarinyar da 'yan'uwanta suka kashe mata masoyi ta binne kansa a tukunyar ɗaɗɗoya tana shayar da ita da hawaye. A Faransa kuwa, Laurent de Premierfait da ya gama fassarar farko a 1414 bai ƙware a Italiyanci ba, sai da wani limami ya juya masa littafin zuwa Latin tukuna.

20. Hidimarsa ga Dante da Homer

Sau 3 ya kwafe babbar waƙar Dante da hannunsa, ya rubuta tarihin rayuwarsa, kuma shi ya fara yi mata laƙabin Divina, wanda bai hau bangon littafi ba sai a bugun Venice na 1555. Ranar 23 ga Oktoba, 1373 ya fara karanta ta yana sharhi a bainar jama'a bisa albashin hukumar Florence, ciwo ya tsai da shi a babi na 17. A 1360 ya sauki wani malamin Girkanci, Leontius Pilatus, a gidansa, ya samo masa kujerar koyarwa, ya sa shi ya fassara waƙoƙin Homer zuwa Latin. A 2012 masana biyu, Sandro Bertelli da Marco Cursi, suka haska shafin ƙarshe na kwafin Dante da ke Toledo a Sifen da fitila ta musamman, sai ga zanen fuskar Homer da ido ba ya iya gani.

21. Masu tace littattafai sun fi damuwa da rigar limami

Gaskiya ce a faɗa: a cikin labaran akwai na batsa ƙarara, ba na yara ba ne. A 1559 cocin Rum ta sa littafin a jerin haramtattu. Mutanen Florence ba su yarda su rasa shi ba, domin tun 1525 Pietro Bembo ya ayyana shi a matsayin ma'aunin rubutun zube na Italiyanci. Aka sasanta a kan gyararren bugu, wanda ya fito a 1573 ƙarƙashin Vincenzo Borghini, wani kuma a 1582 na Lionardo Salviati. Da manazarta suka gwada su da na asali sai suka ga babban abin da aka sauya shi ne masu laifin: limamai da mata masu zuhudu aka mai da su mutanen gari. Fassarar Ingilishi ta farko, ta 1620, ta cire labari na goma a rana ta uku ta sa wani a gurbinsa. Wasu masu fassara na baya sun riƙa barin wurin da Italiyanci ko Faransanci. Cikakkiyar fassara ba ta fito ba sai ta John Payne a 1886. A 1954 ma wata kotu a Swindon ta Ingila ta ba da umarnin lalata littafin, aka soke hukuncin a ɗaukaka ƙara.

22. Gwanjon da ya kafa tarihi

Ranar 17 ga Yuni, 1812, a gwanjon littattafan gidan Roxburghe a Landan, aka fito da Decameron bugun Valdarfer na Venice, na 1471. Manyan masu sarauta biyu suka kafsa, Blandford ya kayar da Spencer a kan fam 2,260, kuɗin da ba a taɓa biya wa littafi bugagge ba kafin ranar. Bayan shekara 7 bashi ya ci Blandford, aka yi gwanjon kayansa, littafin ya koma hannun Spencer a kan fam 918 da sule 15. Yanzu yana ɗakin karatu na John Rylands a Manchester.

23. Kabarinsa bai tsira ba

An binne shi a cocin garinsu Certaldo. A 1783, bayan dokar hana binne mutane a cikin coci, aka tone kabarin, ƙasusuwansa suka salwanta. Gidansa ma bom ya rushe shi a Yaƙin Duniya na Biyu, aka sake gina shi, yanzu cibiyar nazarin ayyukansa ce. Mujallar Studi sul Boccaccio da Branca ya kafa a 1963 tana fitowa har yau. A 2020, lokacin kullen korona, jama'a suka koma wa littafin, har mujallar New York Times ta sa marubuta suka rubuta sababbin labarai 29 a kan tsarinsa.

24. Ya iso Zariya

Mai karatun Hausa ya san irin wannan gini na labari a cikin labari, daga Dare Dubu da Ɗaya, da Kalila wa Dimna, da kuma Magana Jari Ce, inda aku yake riƙe ɗan sarki da hira. Alaƙar ta wuce kamannin gini. Lokacin da Abubakar Imam yake rubuta Magana Jari Ce a Zariya, wanda ya fito kashi 3 daga 1937, ya ɗebo daga littattafan Larabawa da na Indiya da na Turai ya rina su da rinin Hausa. Manazartan da suka bi tushen labaransa sun sa Decameron a cikin jerin, wata ƙididdiga da ake yawan kawowa ma ta ce labarai 7 daga can suke. Ke nan da yawa daga cikinmu sun ɗanɗani Boccaccio tun a firamare ba su sani ba.

Duk abin da aka jero a nan an san shi ne saboda wani ya adana takarda, wani kuma ya zauna ya karanta ta da haƙuri. Wasiƙar mai neman littafinsa, rasiɗin haraji, zanen da ya dushe, kowanne ya gyara wani abu a tarihi. Marubutanmu na boko da na ajami su ma sun bar daftari da wasiƙu da gyare-gyaren hannu, da yawa suna cikin akwatuna a gidajen iyalansu, gara da damina suna cin su. Duk wanda yake riƙe da irin waɗannan takardu ya taimaka ya kai su inda za a adana su a ɗauki hotonsu, kamar Gidan Arewa da ke Kaduna ko ɗakunan karatu na jami'o'inmu. Ɗalibanmu na adabi kuma su ɗauki wannan aiki da muhimmanci tun takardun suna nan.